Inda Aka Ajiye Tirelar Baba

Baba direban tirela ne. Ya ƙarar da ƙarfinsa yana jan motocin wani Alhaji tsakanin Kano da kudu, har ciwon gwiwa ya zaunar da shi a gidanmu na Gyaɗi-Gyaɗi. Zama bai karɓe shi ba. Ya kwance famfon da lafiyarsa ƙalau, ya yi faɗa da duk mai Adaidaita da ya tsaya a ƙofar gida, har ya fara koya wa Inna hura gawayi. Don in sama wa baiwar Allah lafiya ne, da za a kai ni gidan mijina a Tarauni, na bar masa tsohuwar kwamfutata. 'Yar gwanjo ce, kuma akwai wani gem, wasan kwamfuta na tuƙin tirela, a cikinta. Za a ba ka lodi ka kai wani gari a biya ka. Da motar wasu kake farawa, in ka yi ƙoƙari ka sayi taka.

Da farko ya raina abin, ya ce motar da ba ka jin warin birkinta ba mota ba ce. Kafin azumi ya zagayo ya mallaki tirela ja da gareji, mutumin da a zahiri ko tayar safaya bai taɓa mallaka ba. Yadda ya saba tuƙi haka yake yi a ciki. Sai ya yi bismillah kafin ya tayar, ba ya gudu, in an kira salla kuma sai ya gangara gefen titi ya tsaya tsaf kafin ya miƙe. Kowa a gidan ya san ba a ce masa wasa yake yi.

Wata Juma'a bayan la'asar ya kira ni. Ba ya kiran sunana, don sunan mahaifiyarsa gare ni.

"Uwata, mota ta mutu a hanya. Kuma da kayan mutane a kai."

Sai da na ɗan yi tunani na gane kwamfutar ce ta ɗauke ta ƙi tashi, yana tsaka da kai lodin katako. Na yi dariya na ce ai katakon ba na kowa ba ne, ba mai jiransa. Ya yi mini sallama. Washegari Inna ta kira ta ce tuwon Malam yadda ta kai haka ta ɗauke.

Mijina yana da wata kwamfuta da ba ya amfani da ita. Na sa aka zuba mata gem ɗin, na hau Adaidaita na kai wa Baba ina jin kaina. Da ya buɗe, sai abin ya yi masa maraba a matsayin sabon direba, ba mota, ba gareji. Ya turo mini ita ya tambaye ni ko da furfurarsa nake so ya koma yaron mota. Na ce ya karɓi wani lodin mana. Ya ce shi wancan ya karɓa.

Daga nan wahalata ta fara. Akwai wani mai gyara a layin shagunan da ke wajen titin gidan Zoo, ɗan kudu ne haifaffen Kano, Hausarsa ta fi tawa gishiri. Mutumin kirki ne, sai dai maganinsa ɗaya ga kowace cuta, wato fomatin, a share komai a sake zubi. Ya buɗe tsohuwar ya ce allon cikinta ya ƙone, ba tashi. Ya ciro rumbunta, ɗan ƙarfen da komai ke ajiye a ciki, ya sa masa gida da waya don in riƙa jona shi da sabuwar. Yana miƙo mini yana tambaya ko ya yi masa fomatin ya zama sabo fil. Fizgewa na yi, har ya tsorata.

Shi ya nuna mini foldar da manhajoji ke zama, ya ce gem ɗin na nan, in kwashe shi gaba ɗaya. Ƙato ne. Na zauna a gida ina kallon koren layin kwafi yana jan ciki, ya kusa kaiwa ƙarshe Nepa suka ɗauke wuta, batirin kuma da ma ba na kirki ba ne. Na sake daga farko. Na sake hawa Adaidaita, na sake zama gaban Baba, abin ya sake yi masa maraba da zuwa aikin tuƙi. Kallona kawai ya yi, irin kallon da yake yi wa kanikawan da suka mayar da inji suka bar noti a ƙasa.

Na koma wa mai gyara raina a ɓace. Ya ce gaskiya shi zubawa ya iya, bai taɓa bin inda gem ke ajiye abin da mutum ya tara ba, don masu kawo masa in ya goge sake farawa suke yi. Amma yana da dabara: akwai fayil ɗin da wasu ke sakawa a intanet, da motoci cike da gareji, sai ya sauko wa Baba da shi. Na ga kamar mafita ce. Da na kai maganar gida, Baba ya ce bai ja motar sata yana da ƙarfi ba, ba zai fara da tsufansa ba. Na fito tsakar gida na ce wa Inna mijinta zai haukata ni. Ta ce ita ta riga ni.

Sai na koma neman amsa a intanet ta wayata. Kowa da amsarsa. Wannan ya ce abin yana cikin foldar takardu, wancan ya ce yana wata ɓoyayyiyar folda da sai ka roƙi kwamfuta ta nuna maka, wani kuma ya ɓata mini data yana gaisuwa da neman a bi shafinsa. Abu ɗaya na tsinta: inda gem yake zama daban, inda yake ajiye tarihin mai buga shi daban. Wa ya ce su yi haka? Na shiga folda na fita folda a rumbun nan, wasu sunansu lambobi ne zalla, wasu in ka buɗe wata ce a ciki, a cikinta wata, ta ƙarshen kuma wayam. Miyata ta kama a kan wuta saboda tirelar da ba ta wanzu ba. Na ji haushin Baba, na ji haushin waɗanda suka ƙera abin, na fi jin haushin yadda kullum Inna ke kira da labarin tuwo.

Folda ɗaya ce ban shiga ba. Sunan wata Baturiya ne a kanta, mai kwamfutar ta asali kafin ta zama gwanjo. Sau ɗaya na taɓa ta, kwamfutar ta ce ba ni da izini, na janye hannuna da sauri. A gidanmu ko jakar Inna ba a buɗewa sai ta ce a buɗe, balle kayan baƙuwar da ban sani ba. Na ɗauka hotunan 'ya'yanta ne da sirrinta, ina ruwan tirelar Baba da su.

Mijina ne ya ce tunda rumbun yana hannuna, in kwaso mana hotunan bikinmu da na san na zuba a tsohuwar. Na duba ko'ina babu. Na tsaya. Rumbun ya nuna a cike yake, hotuna ba su tashi sama ba, kuma ɗaki ɗaya ne ya rage a rufe. Na koma kan sunan matar nan, kwamfutar ta sake cewa ba ni da izini, sai a lokacin na lura a ƙasa ta rubuta in ina so in ci gaba. Wallahi sai da na yi sallama a zuciyata kafin na danna.

Kayana ne a ciki. Hotunan bikin, takardun makarantata, komai. Ashe duk shekarun nan a ɗakin Baturiya muke zaune, ni da Baba, kwamfutar ce ba ta taɓa nuna mana sunan da ke ƙofar ba sai da muka zo ta waje. A cikin foldar takardu na ga wata mai sunan gem ɗin. Na duba nauyinta, ko hoton ɗaurin kallabina guda bai kai ba. Abin da ya hana tsoho cin tuwo, ya ƙona mini miya, ke nan. Na kwafe ta na ajiye a daidai wurin a sabuwar.

Da Baba ya buɗe, jar tirelar tana nan a kan hanya, katakonta a ɗaure. Na gyara zama ina jiran a sa mini albarka. Ko kallona bai yi ba. Ya gyara tabarau, ya yi bismillah, ya tayar. Na nuna masa agogon gem ɗin, na ce ya gani, lokaci bai motsa ba tun ranar, bai makara ba. Ya ce agogon bai sani ba, shi ya sani.

Haka na zauna ina cika ina batsewa, yana tafiya a hankali kamar mai ɗauke da ƙwai. Motoci suna wuce shi. Na ce ya ɗan taka mana, magariba ta kusa kuma ban ɗora girki ba, ya yi kamar da bango nake. Da ya isa, ya yi ribas sau ɗaya ya daidaita ta a layi, aka sauke katako. Ya kashe mota, ya jingina da bango, ya ɗaga murya ya tambayi Inna ko akwai sauran tuwo.

Sannan ya juyo gare ni.

"Ban taɓa barin kayan mutum a hanya ba, Uwata. Ranar da aka haife ki ma ina hanya labari ya same ni. Sai da na sauke na juyo."

Na ajiye faɗan da na tanado tun daga Tarauni. Na tashi na ɗebo masa ruwan wanke hannu.