Na'ura ta ce ban zo aiki ba

Jama'a, yau an ce mini kwana biyar ban zo aiki ba, alhali kullum ina aji!

Ina ajiye moto, wato babur ɗina, a kwaleji, sakatariya ta miƙo mini takarda. Wai kwamitin ladabtarwa na nemana, na yi fashi ba izini. Ni da nake barin unguwarmu Aboabo tun bakwai saura!

Na shiga ofis. Shugaban kwamitin shi ne mutumin da ya zauna a ajina ranar Laraba yana duba koyarwata.

Na ce, "Yallaɓai, ba kai ka yaba darasina ba?"

Ya ce, "Madam Rabi, ni na gan ki. Na'urar dangwala yatsa ce ba ta gan ki ba."

Sai sakatariya ta kama hannuna ta juya. Lallen bikin ƙanwata! Ya rufe yatsan, baƙi ƙirin. Ashe ƙarar da nake ji kwanakin nan in na dangwala ta ƙin karɓa ce, ni kuwa in wuce abina.

Na ce to ai magana ta ƙare. Ya ce a'a, in cika fom in rubuta inda nake kwana biyar ɗin, ko a dakatar da ni. Na ce a aji nake! Ya ce fom ɗin bai da wannan gurbin, asibiti ko rasuwa kawai.

Ina fitowa, ga wani malaminmu ya dangwala, na'ura ta karɓa, ya hau moto ya nufi gonarsa a Kukuo. Shi ya zo aiki ke nan. Ni da ƙurar alli a hijabi, wai ban zo ba!