Dankalin da na hana ta a titin Kyoto

Edita, bayan gaisuwa da fatan alheri gare ka da masu karatunka, ina roƙon ka ba ni fili in faɗi wani abu da na daɗe ina riƙe da shi a ciki. Ni tsohon shugaban makarantar firamare ne a ƙasar Daura. Mahaifina ma'aikacin jirgin ƙasa ne, aiki ya kai shi kudancin Zariya, a can ya sa ni makarantar mishan domin babu wata a kusa. Turawan da suka koyar da mu sun yi mana horo mai tsanani: a zo a kan lokaci, a yanke farce, a goge takalmi, kada a yi magana da abinci a baki, kada kuma a ci komai a kan hanya. Na fito da addinina kamar yadda na shiga da shi, amma da na dawo gida na kama aikin koyarwa, sunan ɗan mishan ya biyo ni. Ba a faɗa a gabana, amma yana iso ni. Tun daga lokacin na ɗaura niyyar cewa babu mutumin da zai sami abin nunawa a jikina ko a gidana.

Lokacin da aka ƙaddamar da shari'a a jiharmu na riga na yi ritaya. Dattawan unguwa suka sa ni cikin masu sasanta mutane da masu tsayawa shaida idan za a sayar da gona ko a ɗaura aure. Na ji daɗin wannan matsayi fiye da yadda na nuna, domin a ganina ya wanke ni daga tsohon zargi. A karatun da na koma yi a zaure na tarar malamai sun ce cin abinci a kasuwa yana rage mutuncin dattijo, har alƙali yana iya ƙin karɓar shaidarsa. Ga abu guda da mishan da malam suka haɗu a kansa, sai na riƙe shi da hannu biyu. A gidana ko gyaɗa ba a ɓarewa a ƙofar gida.

Uwargidana Hajiya 'yar Dutsi ce, a gona ta tashi, kuma Allah ya yi ta mai son raha. Malam take kirana, amma idan na tsananta a kan wani ƙaramin abu sai ta ce Hedimasta ya shigo aji, kowa ya miƙe. Mun haura shekara arba'in tare. A ƙarshen wata damina abinci ya fara gagararta. Ta ci loma biyu ta ture kwano, daga baya ko warin miya ba ta iya jurewa. Muka je Katsina, muka je Kano, aka gano ƙari a cikinta. Ɗanmu na uku yana zaune a birnin Kyoto na ƙasar Japan, inda ya yi karatun injiniya ya kama aiki, shi ya matsa sai an kawo ta. Likitocin can suka duba ta, suka ce za su yi mata aiki, amma ta rame da yawa, sai ta ɗan sami ƙarfi tukuna. Babbansu ya ce duk abin da ranta ya so a ba ta nan take, ko da cokali ɗaya ne, domin sha'awar abinci a irin wannan ciwo ba ta jira. Da Turanci ya faɗa, kuma ni ya kalla yana faɗa. Saboda haka ba ni da damar cewa ban sani ba.

Kafin a kwantar da ita, ɗan namu ya ce zaman ɗaki yana ƙara mata damuwa, don haka ya samo mana mai zagayawa da baƙi a ƙafa, wanda zai nuna mana tsohon gari da abincinsa. Mutumin dattijo ne, malamin makaranta mai ritaya kamar ni. Ya riga mu isa wurin haɗuwa, takalminsa yana ƙyalli, ya rusuna ya gaishe mu. Nan take ya kwanta mini a rai. Yaron ya riga ya gaya masa ba ma cin alade, ba ma shan giya, ba ma shiga wuraren bautarsu. Ya ce ya fahimta, har ya bi hanyar tun da farko ya tambayi masu abinci abin da suke sa wa a girkinsu, domin kada ya nuna mana abin da zai ɓata mana rai.

Lokacin sanyi ya fara shigowa, ganyen itatuwa ya koma ja da rawaya kamar an rina shi. Muka bi wasu lunguna da aka shimfiɗe da dutse, gidajen katako a jere, ko ɓawon lemo babu a ƙasa. Na yi ta nuna wa yaron wannan tsabta ina yi masa jawabi a kan yadda muka yi sakaci a gida, yana cewa haka ne Baba. Muka hau wani tudu a hankali, inda wani babban ɗakin bauta yake tsaye a kan ginshiƙan katako. Dattijon ya ce an haɗa su ba tare da ƙusa ba. Muka tsaya daga waje muna kallo, gari duka yana ƙarƙashinmu. A gindin tudun akwai ruwa mai zubowa daga dutse, mutane sun yi layi suna tara da ludayi mai dogon hannu suna sha. Hajiya ta ce ashe su ma suna da Kusugunsu, ta ce wa yaron ya tambaya ko nasu ma akwai maciji a ciki. Da aka fassara wa dattijon labarin, ya yi dariya har ya cire tabarau. Rabona da in ji tana tsokana tun kafin ciwon. Tafiya tana yi mata wuya, takan tsaya ta dafa bango. Duk lokacin da ta tsaya sai dattijon ya sami wani abu a wurin da zai yi bayani a kansa, kamar dama can nan ya shirya tsayawa. Ni kuwa agogona nake dubawa, domin an ce za mu gama kafin la'asar, kuma ba na son a ce baƙi daga Nijeriya sun ɓata wa mutum lokaci.

Daga nan muka shiga wata kasuwa mai rufi, doguwa, ƙunƙuntacciya, abinci dama da hagu. Ga kifi a tsinke ana gasawa, ga wata halittar ruwa mai hannuwa da yawa, ga ganyaye da aka jiƙa a gishiri, ga wani curin shinkafa mai danƙo da aka cusa wa wake mai zaƙi. A kowace rumfa da ya yarda da ita, dattijon yakan tsaya ya ce wannan babu abin da addininmu ya hana a ciki, ko za mu ɗanɗana. Ni kuma in ba shi haƙuri a madadinmu duka, cikin Turancin da na fi ji da shi. Hajiya ba ta damu ba, ƙarnin kifin ma ya sa ta rufe hanci da mayafi.

Da muka fito ta ɗaya ƙofar, kusa da kogi, sai muka ji wani mutum yana jan murya kamar mai talla. Yana tsaye gefen wata ƙaramar mota mai tanda a bayanta, hayaƙi yana tashi. Hajiya ta tsaya cak, ta sauke mayafin daga hancinta. Dattijon ya ce dankali ne, irin namu na Hausa mai zaƙi, ana gasa shi a kan duwatsu masu zafi, ba mai, ba gishiri, ba komai. Mai sayarwar ya ɗauko ɗaya ya karya shi biyu domin mu gani. Cikinsa rawaya ne kamar gwaiduwar ƙwai, tururi yana fita. Dattijon ya ƙara da cewa a al'adarsu ba a tafiya ana ci, ana tsayawa ne a gefen mai abincin a ci da zafinsa, ya nuna wani benci a wurin. Hajiya ta juyo gare ni, ta yi ƙasa da murya, ta ce ƙamshin nan irin wanda suke ji ne a Dutsi suna yara, idan an haƙe dankali suka binne shi a toka mai zafi a bakin gona. Ta ce Malam, ranta yana son wannan. Tun da ciwon ya fara, wannan ne karo na farko da ta nemi abinci da bakinta.

Na dubi wurin. Mutane suna ta wucewa, wasu da na'urar ɗaukar hoto. Abin da ya zo mini shi ne matata, Hajiya, uwar manyan 'ya'ya, zaune a bakin titi tana ɓare dankali tana ci. Na ce mata ta yi haƙuri, ba girmanta ba ne, idan mun koma masauki za a kawo mata. Yaron ya riga ya sa hannu a aljihu. Ya ce Baba, dankali ne kawai, kuma likita ya ce kada a jira. Na ce masa ban tambaye shi ba. Ya fitar da hannunsa ya sunkuyar da kai, domin haka na tarbiyyantar da shi. Dattijon bai ji Hausa ba, amma ya gane. Ya ce ko za a naɗe mata a takarda ta riƙe, ga wani lambu can gaba da babu jama'a sosai. Na yi masa godiya, na ce lokacin salla ya gabato, mu ci gaba. Hajiya ta mayar da mayafinta, ta bi bayana. Har muka rabu da dattijon a bakin tashar jirgi ba ta sake yin raha ba.

Na cika alkawarina, domin ni mutum ne mai cika alkawari. Bayan mun yi la'asar na aiki yaron ya koma. Ya tarar mai motar ya tashi, sai da ya yi ta nema kafin ya samo a wani kanti. Da ya iso da shi ya huce, ɓawon ya yi laushi. Na sa aka ɗora a faranti, aka kawo cokali da ruwan wanke hannu, aka ajiye a gabanta yadda ya dace. Ta kai shi kusa da bakinta, ta kawar da kai, ta ce ta gode, abin ya wuce. Muka ɗumama, muka sake gwadawa washegari, ba ta iya ba.

Aka kwantar da ita, aka riƙa ba ta abinci ta roba. Da likitocin suka buɗe cikin suka tarar ciwon ya bazu, suka rufe. Likitan ya gaya mini gaskiya, ya ce in kai ta gida cikin danginta. Na tambaye shi ko da ta ci wani abu a kwanakin baya da an sami bambanci. Ya ce a'a. Na yarda da shi, kuma ba ina rubuta wannan ba ne domin in ce dankali yana tsawaita rai. Kwana na Allah ne.

Mun dawo Daura, ta yi 'yan watanni a kwance. Wata rana da hantsi, ɗakin babu kowa sai mu biyu, na nemi gafararta a kan abin da ya faru a bakin kogin nan. Wannan ne karo na farko da na taɓa neman gafararta a kan wani abu. Ta ce ta yafe tun a wurin. Ta ce ai ta san amsata tun kafin ta tambaya, shekarun da muka yi tare sun ishe ta sani. Na ce to me ya sa ta tambaya. Ta ce ta ga mun yi nisa da gida, babu wanda ya san mu, babu mai kai labari unguwa, sai ta yi zaton ko a can zan ɗan huta. Ta rasu kafin azumin shekarar, Allah ya jiƙanta.

Daga baya na kai maganar gaban wani malami da nake karatu a wurinsa. Ya ce abin da na karanta ladabi ne na mai lafiya a garinsa, bai shafi matafiyi ba, balle majinyaciya, kuma haƙƙinta a kaina ya fi ƙarfin wannan ladabi nesa. Na saurare shi har ya gama, amma babu abin da ya faɗa wanda ban sani ba tun ina tsaye a gaban motar nan. Addini bai hana ta ba. Ni na hana ta, saboda tsoron bakin mutanen da ba sa ma wurin.

Na daina tsayawa shaida tun daga lokacin. Mutanen unguwa sun ɗauka tsufa ne, ban gyara musu ba. Ina kira ga magidanta irina, waɗanda ake yabo da tsari da kamun kai, su riƙa tambayar kansu ko don Allah suke tsanantawa ko don kada a yi magana da su. Na biyun yana da sauƙin sajewa da na farko, kuma iyalinka ne suke ɗaukar nauyinsa ba tare da sun faɗa ba. Idan kana jinyar wani, ya buɗe baki ya nemi abin da Allah ya halatta, ka ba shi a inda kuke tsaye, ko a tsakiyar kasuwa ne. Mutuncinka zai iya jira har gobe. Ni an ba ni wannan dama sau ɗaya, tana gabana tana kallona, na ce mata sai mun koma masauki.