Sambo Kafinta da Ƙofofin da Ke Jiran Komawa

Da hantsi Malam Sambo yakan rataya tef ɗin awo a wuya ya shiga unguwannin Bukkuyum. Aikinsa ƙyaure mai ninkewa, wanda ake raba ɗaki biyu da shi. Bana zai ajiye zarto, ido ya yi rauni.

Na dawo daga karatu na tarar gidanmu cike da dangin da rashin tsaro ya koro daga ƙauye. Gwaggona Hure da surukinta Jibo ɗaki guda suke, zane ne kawai tsakaninsu. Ko tari ba ta iya yi a sake.

Sambo ya zo. Ya auna sama, ya auna tsakiya, ya auna ƙasa, don bangon laka ba ya miƙewa. Mafi ƙanƙanta yake ɗauka, ya bar 'yar rata yadda ƙyauren zai ninke bai cije ba. Sai ya ajiye tef ya dubi Gwaggo.

"Inna, ƙofar ɗakinki na can, mi ne faɗinta?"

"Kai Sambo, wa ka auna ƙofa tai? Ni dai shiga nikai."

"To shiga ki nuna man."

Ta miƙe ta buɗe hannuwa, kamar mai dafa bango dama da hagu. Ta ɗan sunkuyar da kai, don ƙofar gajera ce. Sambo ya auna tsakanin tafukanta. A kan wannan awon ya yi firam ɗin ƙofar, ya cike sauran faɗin ɗakin da katako.

Na ce masa ƙofar ta yi wa ɗakin kaɗan. Ya ce, "Ba ta nan ba ce. Aro ɗakinku ya yi, ran komawa ƙauye da ita za a tafi."

Daga baya na ji haka yake yi wa duk wanda aka koro, har Gummi da Anka.

Malam Sambo, kai ne mai auna gidan da ba ka taɓa gani ba. Ka ba Gwaggo sutura, ba ka kuma ce mata ta haƙura da ƙauyensu ba. Mun gode, Allah ya ƙara lafiya. Masu tasowa a sana'ar, ku riƙa tambaya kafin ku yanka katako.

Gwaggo na nan. Duk Juma'a takan shafa wa maɗaurin ƙyauren man gyaɗa, wai kada ya yi tsatsa kafin hanyar ƙauyensu ta buɗe.