Ƙwallo Ɗaya Suka Ajiye Masa

Innalillahi wa inna ilaihi raji'un. Yau da safe ina ɗaure takalmi aka kira ni, wai Baba Gola ya rasu.

Malam Isiyaku na Shango, tsohon mai tsaron gida, wanda ya koya mini kamun ƙwallo.

Hawayena bai bushe ba sai ga sanarwar wani gidan talabijin, wai "mun yi rashin gwarzo". Kun san bidiyon da suka haɗa da ita? Wancan dai. Ƙwallon da ta bi ta tsakanin ƙafafunsa, ya zauna a ƙasa ya dafe kai.

Ba ku da kunya, wallahi.

Shekara da shekaru mutumin nan yana tsaron raga, su kuma suna ɗauka. Ina kasakasan bidiyon? Sun goge. In oga zai aurar da 'ya, ko za a buɗe famfo, sai a jawo na ƙwallo a ɗora biki a kai. Wannan guda ya tsira ne don yana ba su dariya. Duk shirin tarihin wasanni shi ake maimaitawa, har da rage gudu don kowa ya gani da kyau. Wai adana tarihi ke nan.

Safar hannuna ta farko tasa ce. Da kansa ya rage yatsun da allura.

Ranar da aka yi mini ruwan ƙwallaye a Maikunkele, ya goyo ni a mashin har gida. Sai a ƙofa ya ce, "Gobe tirenin, kar ka makara."

Ganina da shi na ƙarshe bayan ƙaramar Sallah ne, a shagonsa. Ashe ya sa manyan kaya ya je gidan talabijin ɗin, ya roƙi ko wasa ɗaya ne a nemo masa. Suka shanya shi a benci, daga baya aka ce mai makullin sito ya tafi Gwada.

Na fara zaginsu, ya ɗaga mini hannu.

"Ɗana, bar su. Ni ba don kaina ba ne. Jikata ce ta ce, Kaka, kai ba ka taɓa kamawa ba?"

Ya yi dariya. Ni na kasa.

Don Allah kar ku tura bidiyon nan. Duk wanda ya taɓa ganin Baba ya tashi sama ya cafe ƙwallo, ya rubuta a ƙasa. Zan kai wa yarinyar, in karanta mata ɗaya bayan ɗaya.

Ya Allah, Kai da ba a goge alheri a wurinka, Ka nuna masa duk nasa. Ka jiƙansa, Ka haskaka kabarinsa, Ka ba iyalinsa haƙuri.

Ku sa shi a addu'a, don Allah.