Gurbin Yatsan Attahiru

Shekarar da aka ba Kebbi jiha Attahiru ya buɗe rumfarsa ta zubin tukwanen alminiyam a Jega. Mutum ne mai ƙarancin magana, mai yawan tsaki. Yana da tsohuwar tukunya guda da yake kira uwa, ita yake dannawa cikin yashi ta bar siffarta, sannan ya zuba narkakken ƙarfe. Ƙarƙashin kunnenta akwai ɗan gurbi daidai babban yatsansa. Matan Aliero da Maiyama ba sa tambayar sunan maƙeri, sai su laluba gurbin nan su biya.

Da tsufa ya zo, hannunsa ya soma rawa, uwa kuma ta tsage. Ba zai iya sake wata ba, rumfa ta kama hanyar mutuwa.

Sai 'yarsa Barakatu ta zo hutu. Tana aiki a wata masana'anta a Kaduna, inda take shirya zane a kwamfuta, na'ura kuma ta gina abin da roba, shimfiɗa kan shimfiɗa. Ta ɗauki hotunan uwa ta kowane gefe, da ta koma Kaduna manhajar kwamfutarta ta haɗa su ta toshe tsagar, na'ura ta gina sabuwa aka aiko a mota. Attahiru ya yi zubi, tukwane suka fito sumul, har ya manta da tsaki.

Ranar kasuwa wata mata daga Danwarai ta ɗauki tukunya ta laluba, ta ajiye.

"Wagga ba ta Attahiru ba ta," in ji ta, alhali ga shi zaune a gabanta.

Haka aka wuni. Ashe manhajar, da ladabinta, ta ɗauki gurbin a matsayin lahani ta cike shi. Abin ya yi masa ciwo ƙwarai, ya kira 'yar a waya.

"Ke ɗiyata, mi kika yi ma yatsana?"

Barakatu ta dawo da kanta. Ta kwaɓa laka, ta riƙe hannun mahaifinta da hannu biyu har rawar ta lafa, ta danna yatsan a cikin lakar. Hoton gurbin da ya bari ta ɗauka ta mayar cikin zanen.

Da sabuwar uwa ta iso, Attahiru ya sa yatsa a gurbin, ya zauna daram. Ya daɗe bai cire ba, idonsa ya cika.

"Allah shi yi miki albarka," ya ce. "Ko na tafi, za su gane ni."