Dariyar da Mbalike Ta Haɗiye

A garinmu Ondolo iska ba ta zuwa da kanta, mu muke yin ta. Kullum da sassafe mukan jeru a bakin tafki. Uwar Iska ta ɗaga sandarta mu ja numfashi, ta tsayar da ita mu riƙe, ta sauke mu saki gaba ɗaya, jiragen masunta su kama hanya. Sharaɗin kawai numfashi ya fita a miƙe. In mai fushi ya hura, ruwa ya hargitse. In mai dariya ne, jirage su yi ta juyi kamar an sa musu kiɗa.

Ni kuwa tun muna amare har muka yi furfura, kusa da Mbalike mai ƙyafa kifi nake tsayawa. Matar nan ba ta taɓa riƙe numfashi lafiya ba. Sai ka ga kumatunta sun kumbura, kafaɗu suna rawa, kafin sanda ta sauka ta fashe. Dariya ce mai kauri kamar ana gangara tulu, kuma in ta fashe ni ma na tafi, layinmu duka ya tafi. Sau nawa jirgin mijina ya wuni yana kewaya wuri ɗaya, muka ci ayaba gayanta babu kifi! Na yi fushi da ita har na gaji.

"Ke wai cakulkuli ake miki?" na tambaye ta wata rana.

"Ba ni ba ce, ƙawata. Tsongoro ne."

Tsongoro mijinta ne, kuma gaskiya ta faɗa. A wajenmu ranar aure ango yakan hura wa amarya numfashinsa a baki ta haɗiye, ita ma ta hura masa nata. Ajiya ce a ƙirji har ranar da ɗayansu ya mutu, sannan mai rai ya mayar masa da abinsa, da shi ake tura jirgin gawa zuwa tsallake inda magabata suke. To ranar nasu, Tsongoro ya sunkuya zai hura ke nan, wata akuya ta cafke bakin zanensa ta ja. Dariya ta ƙwace masa. Mbalike kuma, amarya mai biyayya, ta haɗiye abin da aka ba ta.

"Maza na ba matansu numfashi, kai ka ɗura mini ƙyalƙyala," takan ce masa.

"To dawo mini da kayana mana."

"Mutu tukuna."

Bara da damina ya mutu. Gari duka ya shiga zullumi, don jirgin gawa sau ɗaya ake tura shi. In ya juyo ya taɓa gaɓa, sai dai a binne mutum a ƙasa kamar baƙo, ba zai taɓa iske danginsa ba. Uwar Iska, tsohuwa Zimbili da ba wanda ya taɓa ganin murmushinta, ta zo har gida.

"Mbalike, gobe in kin ja numfashi ki tuna wani abin baƙin ciki."

"Inna, mijina ne fa ya mutu. Wanne kuma zan nemo?"

Tana rufe baki dariyar ta taso mata, ta toshe da zane. Da tsohuwar ta fita sai ta kama hannuna tana kuka. "In na mayar da shi gaɓa, ina zan sa kaina?" Tausayinta ya kama ni sosai.

Da gari ya waye aka ɗora Tsongoro a jirgi. Mbalike ta tsaya gaba ita kaɗai, ta ja, ta riƙe. Kafaɗu suka fara. Sanda ta sauka, sai ga dariyar Tsongoro da muryarsa sak, irin ta ranar akuya. Jirgi ya yi juyi, ya nufo mu. Zimbili ta buɗe baki za ta daka tsawa, amma dariya ce ta fito, muka ga ashe ko haƙori ɗaya ba ta da shi, abin da take ɓoyewa ke nan duk shekarun nan. Shi ke nan, gari ya tarwatse. Masu makoki suna birgima a yashi, ni ina riƙe da ciki ina hawaye. Iskar da muka yi ta ɗauki jirgin, yana juyi yana gaba, yana rawa har ya shige hazon tsallake.

Daga ranar layinmu ya yi tsit. Jirage suna tafiya a miƙe, muna cin kifi har mu bar saura, kuma ban ji daɗin hakan ba ko kaɗan. Sai shekaranjiya, muna riƙe da numfashi, na ji wata 'yar dariya mai kauri a gefena.

"Ke! Ba ki mayar masa duka ba?" na raɗa mata.

"Ai ya isa tsallake," in ji ta, tana share ido. "Ɗan wannan na rage. Da wa kike so in riƙa hira a ɗakin nan?"