Wanke-Allo, Bindigar Kawu Ɗan'azumi

Duk wanda ya san Kawu Ɗan'azumi mai gyaran rediyo a bakin kasuwar Rano ya san ba ya amsa gaisuwa sai ya duba goshinka. Kana ce masa ina kwana, shi kuwa ya ƙanƙance ido ya ce, "Kanka ya ɗau zafi. Da wa kake gaba?" Kafin ka buɗe baki ya zura hannu cikin jakar da ke rataye a kekensa. Ai kun san abin da ke ciki, tunda rabinku da ke zaune a nan an harbe ku da ita.

Wanke-Allo ke nan! Tsohuwar tocila ce, ya ɗaura mata eriyar rediyo da murfin samira, wayoyi ja da kore suna reto. Wai a rediyo ya ji manyan ƙasashe na neman ƙera makamin da ba ya huda jiki, sai dai ya shiga ƙwaƙwalwa ya birkita ta. Ya ce, "Suna can suna nema, ni na gama. Nasu haukata mutum zai yi. Tawa gaba kaɗai take ci, ta bar maka sauran hankalinka, in kana da shi."

Ranar da ya fara gwada ta ina kasuwa, na je sayar da daddawa. Mahauta biyu ne suka kaure, kowa da wuƙa a hannu, mutane sun ja da baya. Sai ga Kawu ya kutsa tsakaninsu, ya saita goshin wannan, zuuuu, ya juya kan wancan, zuuuu. Babban cikinsu ya dubi wuƙarsa, ya dubi taron da ya san zai kai labari gida, ya sosa ƙeya ya ce, "Wai me ma muke yi a nan?" Kasuwa ta ɗauki shewa. Daga ranar, duk wanda ya gaji da gaba amma girman kai ya hana shi sauka, sai ya bi ta gaban rumfar Kawu yana tafiya a hankali. Gobe ka gan shi da abokin gabarsa suna cin goro, yana cewa, "Ni fa ban san komai ba, harbi na aka yi."

Akuyar maƙwabta ce kaɗai ta kunyata shi. Ta addabi zogalensa, ya harbe ta har sau bakwai, ta dube shi ta ci gaba da tauna. Na ce, "Kawu, yau kuma lafiya?" Ya ce, "Na'urar masu hankali ce, Asabe. Wannan me za a kama a kanta?"

Akwai kuma malamin kimiyya daga Madachi da ya nace sai ya buɗe Wanke-Allo. Ya kwance, ya leƙa, ya ce, "Baba, ai babu batir. Ƙarar ma da bakinka kake yi." Kawu ko gezau. Ya ce, "Don tausayi na cire. Da batir, malam, da yanzu kana tambayar mutane hanyar gidanku."

Ni ce dai ciwon kansa, kun kuma san halina. Shekara huɗu ban gaida Yaya Sule ba, uwa ɗaya uba ɗaya, a kan bishiyar ɗorawa guda da ke iyakar gonarmu a Unguwar Gai. Ya ce a rabonsa take, na ce da kalwarta Inna ta koya mini daddawa. Kawu ya harbe ni a gidan suna, ya harbe ni a tasha, har ta katanga ya harbe ni ina daka. Kullum in ce, "Kawu, ba ta kama ba, ina tune da komai." Ya ce, "Kanki dutsen Rano ne, amma zan samo tashar."

Sai ciwon mantuwa ya same shi. Da farko yana dariya, wai bindigar ce ta tashi ta baya. Daga baya dariyar ta ƙare, ya manta rumfarsa, ya manta sunayenmu. Ni ina zuwa duba shi da hantsi, Yaya da la'asar, don kada mu haɗu. Wata Juma'a mota ta makarar da ni, na shiga na tarar da Yaya a zaune. Na juya masa ƙeya.

Kawu ya dube ni, ya dube shi, bai gane ko ɗayanmu ba. Amma ya ce, "Waɗannan bayin Allah biyu gaba suke." Ya lalubo Wanke-Allo a gefen katifa, ya saita ni. Zuuu ɗin da ƙyar ya fito. Ya tsaya yana kallon bakina.

Wallahi amsata ta kullum ta zo mini har leɓe. Sai na ga wannan tocilar ce kaɗai ta rage masa a duniya, in na ce ba ta kama ba, na raba shi da ita. Zuciyata ta karye. Na durƙusa na ce, "Yaya, ina wuni? Yaushe ka zo?" Yaya Sule, ƙaton mutum, ya fashe da kuka, ya ce, "Ɗorawa ta nuna, Asabe. Ki zo a kaɗo miki."

Kawu ya mayar da kansa kan matashi, ya ce, "Ai dama tana aiki."

Kwana tara bayan nan ya rasu. Allah ya jiƙan Kawu, ya kai haske kabarinsa. Yadda ya bi mu yana wanke mana zukata, Allah ka wanke masa nasa allon tas. Amin.